Haƙƙin Ciyar da Iyaye a Fim ɗin Baghban: Sharhi a kan Jigo da Warwararsa

1.0 Gabatarwa

Tun daga shekarun 1950, lokacin da 'yan kasuwa mutanen Labanan suka fara shigo da finafinan Indiya gidajen silima na Kano da sauran biranen Arewa, Bahaushe ya ɗauki waɗannan finafinai tamkar nasa. Masana sun daɗe da yin bayanin dalilin haka. Alal misali, Brian Larkin ya nuna a cikin wata maƙala ta 1997 cewa mai kallo Bahaushe yakan ga matsalolin gidansu a cikin labarin Ba'indiye, musamman tirka-tirkar da ke tsakanin son zuciyar ɗa da biyayya ga na gaba. Sai dai galibin nazarce-nazarcen sun tsaya ne a kan soyayya da auren dole, watau inda iyaye ke da ƙarfi, 'ya'ya ke da rauni. Ba a cika waiwayar ɗaya ɓangaren ba, inda reshe ya juya da mujiya, ƙarfi ya koma hannun 'ya'ya, iyaye suka zama masu jiran a ba su.

Fim ɗin Baghban, wanda Ravi Chopra ya ba da umarninsa, ya kuma fito a 2003, yana cikin fitattun ayyukan da suka tunkari wannan ɓangare. Manufar wannan maƙala ita ce ta auna yadda fim ɗin ya ɗauko jigon ciyar da tsofaffin iyaye da yadda ya warware shi. Za a ɗora shi a kan ma'auni biyu: dokokin ƙasar da aka shirya shi, da kuma fiƙihun Malikiyya wanda shi ne mai kallo Bahaushe ya tashi da shi. Abin da maƙalar ke son tabbatarwa shi ne, fim ɗin ya gano ciwon sarai, amma maganin da ya bayar na mai sa'a ne kawai, domin ya gina haƙƙin iyaye a kan biyan bashi, alhali kuwa dokokin biyu sun gina shi a kan buƙata.

2.0 Zubin Labari

Raj Malhotra, wanda Amitabh Bachchan ya fito a matsayinsa, ma'aikacin banki ne. Shi da matarsa Pooja, watau Hema Malini, sun shekara arba'in da aure, suna da 'ya'ya maza huɗu, da kuma wani maraya mai suna Alok, watau Salman Khan, wanda Raj ya ɗauki nauyin karatunsa. Duk abin da Raj ya samu a rayuwar aikinsa, har da kuɗin da ya kamata ya tanada don tsufa, ya ƙarar da shi a kan hidimar 'ya'yansa, bisa imanin cewa su ne ajiyarsa. Da ya yi ritaya sai ya tara su, ya ce su zaɓi wanda shi da mahaifiyarsu za su zauna a gidansa.

A nan ne labarin ya ƙulle. 'Ya'yan suka yi shawara a tsakaninsu, suka yanke cewa za a raba tsofaffin: uban ya zauna gidan ɗaya, uwar ta zauna gidan wani, bayan wata shida a yi canji zuwa gidajen sauran biyun. Zatonsu iyayen za su ƙi, su kuwa su huta. Iyayen suka karɓa. Daga nan fim ɗin ya shiga jero ƙananan wulaƙance-wulaƙance: tabarau ya fashe ana jan ƙafa wajen gyara shi, ƙarar tafireta da dare ta zama laifi, uwa ta yi magana a kan tarbiyyar jikanya an ce ta yi shisshigi. Raj ya sami mafaka a shagon shan shayi na wani mutum mai suna Hemant, watau Paresh Rawal, inda ya riƙa rubuta abin da ke cin ransa.

Da wata shida suka cika, tsofaffin suka haɗu a hanya, suka yi kiciɓis da Alok, wanda ya riga ya zama mai hali. Ya kai su gidansa ya girmama su. Hemant kuma ya kai rubutun Raj aka buga shi littafi, littafin ya yi kasuwa, Raj ya wayi gari attajiri. 'Ya'yan suka rugo neman gafara a wurin taron karrama shi, shi kuwa ya miƙe gaban jama'a ya yi jawabin da ya yanke su daga jikinsa. Uwar ma ba ta yafe ba.

3.0 Jigo: Misalin Mai Lambu

Ma'anar kalmar Baghban ita ce mai lambu, kuma wannan misali shi ne ginshiƙin fim ɗin gaba ɗaya. Uba shi ne mai shuka da ban ruwa, 'ya'ya su ne itatuwa, tsufa kuma lokacin shan inuwa. Misalin ba baƙo ba ne ga Bahaushe, wanda ya saba cewa abin da mutum ya shuka shi zai girba. Ƙarfin misalin a fili yake, domin yana sa mai kallo ya ji cewa an yi zalunci tun kafin a yi masa bayani. Amma idan aka bi shi zuwa ƙarshe sai a tarar da raunin da ke cikinsa, ta fuska uku.

Na farko, mai lambu don amfanin gona yake shuka. Idan tarbiyya jari ce, to, ciyar da iyaye riba ce, kuma gwargwadon jari gwargwadon riba. Shi ya sa fim ɗin ya ɓata kusan kashi ɗaya cikin uku na tsawonsa yana tabbatar wa mai kallo cewa Raj uba ne da ba shi da aibi: mai fara'a, mai kyauta, mai son matarsa, wanda bai taɓa hana ɗa abin da ya roƙa ba. Sai da aka gama cika masa littafin bashi sannan aka ba shi izinin nema. Tambayar da wannan tsari ya kauce mata ita ce: uban da bai iya biyan kuɗin makaranta ba fa? Wanda ya yi faɗa, ko ya yi sakaci, ko talauci ya hana shi shuka kome? A ma'aunin mai lambu, wannan ba shi da inuwar da zai nema.

Na biyu, misalin ya tilasta wa marubutan labarin su mai da 'ya'yan itatuwa na gaske, watau abubuwa marasa zuciya. Su huɗu ne, amma da wuya mai kallo ya bambance ɗaya da ɗaya bayan an tashi daga kallo. Ba a ba ko ɗayansu uzurin da zai sa a tsaya a yi tunani ba. Ƙuncin gidan haya a birni, da tsadar rayuwa, da matar gida mai fita aiki, duk an ambace su ne a matsayin hujjojin ƙarya. Mafi yawan dafin kuma a bakin surukai mata aka zuba shi, kamar yadda aka saba a irin waɗannan finafinai.

Na uku, babu 'ya mace ko ɗaya a gidan Raj. Wannan ba ƙaramin giɓi ba ne, domin ya kawar da tambayar ko 'ya mace mai aure tana da nata kason na wannan nauyi, tambayar da kotunan Indiya suka riga suka amsa shekaru goma sha shida kafin fitowar fim ɗin, kamar yadda za a gani.

4.0 Ma'aunin Dokar Indiya

Mai kallon Baghban zai iya tashi da zaton cewa tsoho a Indiya ba shi da wurin kai kuka sai zuciyar ɗansa. Ba haka abin yake ba. Tun 1956 dokar Hindu ta riƙo da ciyarwa, a sashe na 20, ta ɗora wa ɗa da 'ya nauyin tsofaffi ko raunanan iyayen da ba su iya riƙe kansu. A 1973 kuma, sashe na 125 na kundin tsarin shari'ar laifuffuka ya ba uba ko uwa na kowane addini damar kai ƙara gaban majistare idan ɗa mai hali ya ƙi ciyar da su. Tsohon kundin na 1898 mata da 'ya'ya kawai ya ambata. A 1987, a shari'ar Vijaya Manohar Arbat, Kotun Ƙoli ta yanke cewa 'ya mace ma, ko tana da aure, wannan hukunci ya hau kanta matuƙar tana da nata abin hannu. A 2001 aka cire iyakar rufi 500 a wata, watau kuɗin Indiya, da sashen ya ƙayyade. Hukuncin ya koma sashe na 144 na sabon kundin da ya fara aiki a watan Yuli na 2024.

Shekara huɗu bayan fim ɗin, a 2007, majalisar ƙasar ta kafa doka ta musamman don ciyar da iyaye da dattawa da kula da jin daɗinsu. Dokar ta kafa ƙananan kotuna na musamman, ta ce a yanke hukunci cikin kwana 90, ta sa iyakar abin da za a yanka a kan rufi 10,000 a wata. Ta haɗa da jikokin da suka balaga cikin waɗanda za a iya nema. Ta tanadi ɗaurin da bai wuce wata uku ba, ko tarar da ba ta wuce rufi 5,000 ba, ko duka biyu, ga wanda ya kai dattijon da ke hannunsa wani wuri ya yasar. Sashe na 23 kuwa ya ce idan dattijo ya ba da kyautar dukiya bisa sharaɗin za a kula da shi, aka karɓa aka ƙi, to, ana iya warware kyautar. Da wannan sashe Kotun Ƙoli ta mayar wa wata uwa dukiyar da ta ba ɗanta, a shari'ar Urmila Dixit ta watan Janairu na 2025. Girman al'amarin zai fito idan aka tuna cewa ƙidayar 2011 ta sami mutane kimanin miliyan 104 masu shekara 60 zuwa sama a ƙasar.

Abin lura a nan shi ne sharaɗin da waɗannan dokoki suka kafa. Ba su tambayi uba nawa ya kashe wa ɗansa ba. Abu biyu suka tambaya: shin uban ya kasa riƙe kansa, kuma shin ɗan yana da hali? Watau uban da misalin lambu ya kora, doka ta karɓe shi.

Amma kuma idan aka juya ma'aunin, sai fifikon fim ɗin ya bayyana. Dokar 2007 ta fassara ciyarwa da abinci, da sutura, da muhalli, da magani. In da Raj zai kai ƙara, 'ya'yansa za su iya cewa sun ba shi ɗaki da abinci, kuma ba su yi ƙarya ba. Alƙali zai iya tilasta musu gyaran tabarau, amma da wuya ya sami sashen da zai kama su da shi a kan raba miji da mata bayan shekara arba'in. Wannan shi ne babban abin da Baghban ya gano: ana iya cika cikin tsoho a kuma karya zuciyarsa a gida ɗaya. Fitowar da Raj ke rera wa matarsa waƙa ta wayar tarho, kowa yana wani gari, ta fi dukan jawabin ƙarshe isar da wannan saƙo.

5.0 Ma'aunin Fiƙihun Malikiyya

Mai kallo Bahaushe ba da dokar Indiya yake auna labarin ba. Da abin da ya ji a zaure yake auna shi, daga Risala ta Ibn Abi Zaid Alƙairawani da Muhtasar na Shaihu Halil, littattafan da kotunan shari'ar Musulunci na Arewa ke dogaro da su a al'amuran iyali. A wannan mazhaba, nafaƙar dangi ta taƙaita ga iyaye biyu da 'ya'yan cikin mutum, ba ta kai ga kaka ko ɗan'uwa ba. Sharaɗinta kuwa talaucin iyaye da wadatar ɗa, namiji ne ko mace, ko da iyayen ba Musulmi ba ne. Idan ɗan ma ba shi da shi, abin ya zama haihuwar guzuma, ɗa kwance uwa kwance, wajibcin ya faɗi. A nan ma ba a tambayi abin da uba ya shuka ba.

Mas'aloli biyu na wannan babi sun taɓa labarin Baghban kai tsaye. Ta farko ita ce yadda ake raba nauyi idan 'ya'ya suna da yawa. Halil ya kawo maganganu uku: a raba daidai bisa kawuna, ko bisa kason gado, ko bisa wadatar kowa, kuma ta ƙarshen ita masu sharhi suka fi rinjayarwa. A dukan maganganun uku, kuɗin ciyarwa ake rabawa. 'Ya'yan Raj kuwa iyayen kansu suka raba, kamar kayan gado. Da sun bi ko da mafi sauƙin maganganun nan, da kowa ya kawo kasonsa an ci gaba da biyan hayar gidan da tsofaffin suke ciki, labari ya ƙare tun bai fara ba.

Ta biyu ita ce, Malikiyya sun ɗora wa ɗa mai hali ciyar da matar ubansa, har ma da yi wa uban aure idan ba shi da mata kuma yana da buƙata. Ma'anar wannan ita ce fiƙihu ya lissafa abokiyar zama cikin buƙatun tsoho, tare da tuwo da riga. Shari'ar da ta wajabta a samar wa uba mata, babu yadda za ta yarda a raba shi da wadda yake da ita don sauƙin 'ya'ya. Ta wannan fuska fiƙihu ya fi kusa da ciwon da fim ɗin ya nuna fiye da lafazin dokar 2007.

Bugu da ƙari, malamai sun bambanta nafaƙa da birrul walidaini. Ta farko alƙali yana iya ƙayyade ta ya kuma tilasta. Ta biyu, wadda aya ta 23 da ta 24 na Suratul Isra'i suka kafa, ta hana ko da mafi ƙanƙantar kalmar ƙosawa, kuma ba ta da ma'auni a kotu. Alok, wanda a wannan mazhaba babu nafaƙar da ta hau kansa tun da ba ɗan cikin Raj ba ne, shi ne ya zo da ta biyun. Wannan dabara ce mai kyau a labarin, sai dai an yi masa ado har ya wuce mutum, ya zama wa'azi mai tafiya da ƙafa.

6.0 Warwarar Jigo

Babban raunin Baghban yana ƙarshensa, kuma hanya mafi sauƙi ta ganin haka ita ce a jera shi da fim ɗin Amurka na 1937, Make Way for Tomorrow, na Leo McCarey, wanda zubinsu ya yi kama ƙwarai. A can ma tsofaffi biyu ne suka rasa gida, banki ya karɓe, 'ya'ya suka raba su. Har fitowar dillalin mota da ya ɗauki tsofaffin yawo tana cikin duka biyun. Amma McCarey bai mai da 'ya'yan dodanni ba. Ya nuna tsohuwar tana takura wa surukarta da gaske, ya nuna ƙuncin gidan da gaske, har mai kallo ya tsargu cewa shi ma zai iya yin abin da suka yi. Kuma babu wanda ya zo ceto: an rabu a tashar jirgin ƙasa, tsohon zai tafi Kalifoniya, tsohuwar za ta shiga gidan gajiyayyu, kowa ya san ba za su sake ganin juna ba.

A Baghban kuwa, daidai wannan fitowa ta dillalin mota ce aka mai da ita ƙofar sa'a, domin a nan Alok ya ɓullo. Daga nan sa'a ta bi sa'a har Raj ya fi 'ya'yansa kuɗi. Sakamakon haka shi ne an canza tambayar. Da farko ana tambaya ne, mene ne haƙƙin tsohon da ba shi da kome? A ƙarshe an koma ga, me zai sami ɗan da ya wulaƙanta uban da zai yi arziki? Darasin da ɗa mai lissafi zai ɗauka shi ne kada ya yar da tsoho don bai san abin da gobe za ta kawo ba. Wannan kuwa shi ne ainihin tunanin riba da asara da fim ɗin ya fito don ya la'anta. Tsohon da bai iya rubuta littafi ba, wanda shi ne mafi yawa a Indiya da Kano baki ɗaya, an bar shi a inda aka same shi.

Game da ƙin yafewar Raj, ra'ayi zai iya rabuwa. Bahaushe ya san nauyin bakin iyaye, ya kuma san cewa babban burin ɗa shi ne ya rabu da su lafiya, don haka zai ji hukuncin a jikinsa. Amma shi ne kuma mai cewa hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar. Abin yabo ne cewa marubutan ba su bi hanyar da aka saba ta rungumar juna da kuka ba. Sai dai ƙarfin hukuncin ya ragu da yake mai arziki ne ya yanke shi. Yanke ɗa ba shi da wuya ga wanda ba ya buƙatarsa.

7.0 Kammalawa

An ga cewa Baghban ya yi nasara a wuri ɗaya muhimmi: ya nuna cewa buƙatar tsoho ta wuce abin da kotu ke iya ƙirgawa, kuma wasan Bachchan da Hema Malini ya ba wannan gaskiya jiki. Ya gaza a wuri biyu: ya jingina haƙƙin iyaye ga kyautatawar da suka gabatar, ya kuma warware matsalar talaucin tsufa da arzikin da ya faɗo daga sama. Dokar Indiya da fiƙihun Malikiyya, duk da nisan da ke tsakaninsu, sun haɗu a kan abin da fim ɗin ya tsallake, watau cewa uba mabuƙaci yana da haƙƙi ko bai shuka kome ba.

Wannan batu yana da amfani ga marubutan Hausa da masu shirya finafinanta, waɗanda suka daɗe suna ɗibar zubi daga Indiya. Labarin da har yanzu ke jiran mai rubuta shi shi ne na uban da yake da laifinsa, da ɗan da yake da uzurinsa na gaske, da nauyin da ke tsakaninsu wanda laifin bai kankare ba, uzurin kuma bai ɗauke ba.